Ubangida Ba Ɗan'uwa Ba Ne: Larabawa da Isra'ila a Hannun Manyan Ƙasashe

 



An ba ni magana mai faɗi, lokaci kuma ƙanƙane, don haka ba zan tsaya dogon share fage ba. Akwai wani karatu da kusanmu duka muka tashi da shi: wai tun ran gini tun ran zane Amurka tana bayan Isra'ila, Rasha kuma tana bayan Larabawa. Ana faɗin haka a teburin mai shayi, ana faɗi a aji, har a kan mumbari ana faɗi. Tarihi bai yarda da wannan karatu ba. Yahudawan da suka kafa Isra'ila sun yi iyayen gida huɗu: Birtaniya, Tarayyar Sobiyet na ɗan lokaci, Faransa, sannan Amurka. Masar ta yi uku: Birtaniya, Sobiyet, Amurka. Kowane ubangida buƙatarsa ce ta kawo shi, kuma da buƙatar ta sauya ya juya baya.

A 1914 babu ƙasa mai suna Isra'ila, babu Jodan, babu Siriya ko Labanan ko Iraƙi irin waɗanda ke kan taswirar yau. Yankin yana hannun Daular Usmaniyya ta Turkiyya, shekara kusan ɗari huɗu ke nan. Da Turkiyya ta shiga Yaƙin Duniya na Ɗaya a ɓangaren Jamus, hankalin Birtaniya ya tashi, domin ranta yana kan Mashigin Suwez, hanyarta ta zuwa Indiya. Sai ta shiga rabon alkawura. Tsakanin 1915 da 1916 wakilinta a Alƙahira, Henry McMahon, ya yi ta musayar wasiƙu da Sharif Husaini na Makka, cewa in Larabawa suka yi wa Turkawa tawaye za a ba su ƙasarsu mai 'yanci. A Mayun 1916 Mark Sykes na Ingila da Georges-Picot na Faransa suka gama zana yadda ƙasashensu biyu za su raba wannan yanki a asirce. Ranar 2 ga Nuwamba 1917 kuma ministan harkokin wajen Birtaniya, Arthur Balfour, ya rubuta wa Lord Rothschild wasiƙa cewa gwamnatinsa tana goyon bayan a kafa wa Yahudawa gida a Falasɗinu. Wasiƙar ko sunan Larabawa ba ta kama ba, alhali ƙidayar da Turawan suka yi da kansu a 1922 ta nuna mutum kusan 757,000 a ƙasar, Yahudawa kusan 84,000 ne a cikinsu.

Me ya sa Birtaniya ta yi haka? Akwai tasirin jagoran masu fafutukar kafa ƙasar Yahudawa, Chaim Weizmann, wanda ya iya shiga da fita a Landan. Akwai son Baibul a zukatan irin su Firayim Minista Lloyd George. Amma akwai lissafi: tana son jama'ar da za ta dogara da ita a gabashin Suwez, tana son nesanta Faransa daga mashigin, kuma tana zaton Yahudawan Amurka da na Rasha za su taimaka mata a yaƙi. Waɗanda suka tona asirin Sykes da Picot kuwa su ne 'yan Bolshebik. Da suka karɓi mulki a Rasha a ƙarshen 1917 suka tarar da takardar a ma'ajiyar Sarki, suka buga ta a jarida don su kunyata Turawan Yamma. Da haka Mosko ta fara sa baki a wannan magana.

Shekaru talatin na mulkin Birtaniya zan ratsa su da sauri. Amurka ta tsuke ƙofarta ga baƙi a 1924, Hitler ya hau mulki a 1933, sai Yahudawan Turai suka kwararo Falasɗinu. A 1935 kaɗai fiye da 60,000 suka shigo. Falasɗinawa suka yi bore daga 1936 zuwa 1939, Birtaniya ta murƙushe shi da ƙarfin soja: an kashe dubbai, an rataye wasu, an rushe gidaje, an ƙwace bindigogi, shugabanni suka watse, Muftin Ƙudus Alhaji Amin al-Husaini ya gudu. Da ta gama karya Larabawan, sai ta hango yaƙi da Jamus na tafe, tana buƙatar man fetur da zaman lafiyar ƙasashen Larabawa. Nan take ta juya, a 1939 ta ƙayyade shigowar Yahudawa zuwa 75,000 cikin shekara biyar, daidai lokacin da ake shirin hallaka miliyan shida daga cikinsu a Turai. Bayan yaƙi ƙungiyoyin Yahudawa masu makamai suka juya kanta. A Yulin 1946 ƙungiyar Irgun ta Menachem Begin ta tarwatsa otal ɗin King David, hedikwatar Turawan mulki, mutum 91 suka mutu. A Fabrairun 1947 Birtaniya, wadda yaƙi ya tsiyata, ta ɗauki matsalar ta dire wa Majalisar Ɗinkin Duniya.

To, jama'a, ga inda karatun namu ya fara warwarewa. A Mayun 1947 wakilin Sobiyet a Majalisar, Andrei Gromyko, ya miƙe ya yi jawabin da ya ba kowa mamaki, yana cewa wahalar da Yahudawa suka sha a Turai ta ba su haƙƙin samun ƙasa. Ranar 29 ga Nuwamba aka jefa ƙuri'ar raba Falasɗinu: 33 suka yarda, 13 suka ƙi, 10 suka ƙaurace. Amurka da Sobiyet gefe ɗaya suka tsaya. An ware wa Yahudawa kusan kashi 56 cikin ɗari na ƙasar, su da suke sulusin jama'a, kuma filin da suka mallaka bai wuce kashi 7 ba. Stalin ba son Yahudawa yake yi ba. 'Yan shekaru kaɗan bayan haka ya shiga kamawa da kashe marubutansu da likitocinsu a cikin gida. Abin da ya hango shi ne, sarakunan Masar da Jodan da Iraƙi yaran Birtaniya ne, kafa ƙasar Yahudawa kuma hanya ce ta fitar da Birtaniya daga yankin.

Da David Ben-Gurion ya shelanta kafa Isra'ila ranar 14 ga Mayu 1948, Shugaba Truman ya amince da ita cikin minti 11, duk da cewa sakataren harkokin wajensa, Janar George Marshall, ya ƙi amincewa har ya yi fushi, yana ganin neman ƙuri'a ne kawai. Amma ita Amurkan ta riga ta sa takunkumin sayar da makamai ga yankin duka, ko harsashi ba ta ba Isra'ila ba. Bindigogi da jiragen yaƙin da suka ceci sabuwar ƙasar daga Chekoslobakiya suka fito, da izinin Mosko. A ɗaya gefen, rundunar Larabawa da ta fi kowace horo ita ce ta Jodan, kwamandanta kuwa Bature ne ɗan Ingila, John Glubb, wanda ake kira Glubb Pasha, kuma Sarki Abdullahi na Jodan ya riga ya gana da wakiliyar Yahudawa Golda Meir a ɓoye tun Nuwamban 1947. Ƙasashen Larabawa sun shiga yaƙin kowa yana zargin ɗan'uwansa. Da ƙura ta lafa a 1949, Isra'ila tana riƙe da kashi 78 na ƙasar, Jodan ta ɗauki Gaɓar Yamma, Masar ta riƙe Zirin Gaza, Falasɗinawa kusan 700,000 kuma an kore su ko sun gudu, musamman bayan kisan ƙauyen Deir Yasin, ba a kuma bar su sun koma ba. Wannan suke kira Nakba. A shekarun da suka biyo baya Yahudawan Iraƙi da Yaman da Maroko da Masar su ma suka bar gidajensu, wasu da son ransu, wasu dole.

Cikin sojojin Masar da aka yi wa ƙawanya a Faluja a wannan yaƙi akwai wani matashin hafsa, Jamal Abdul Nasir. Ya koma gida da imanin cewa Sarki Faruƙ da Turawan da ke riƙe da shi su ne suka kayar da Masar. A 1952 shi da abokansa suka kifar da sarautar. Da farko Amurka ta yi maraba da su. Abin da ya ɓata tsakani biyu ne: Ƙawancen Bagadaza na 1955, wanda Turawan Yamma suka ƙulla don tare Sobiyet, Nasir kuma ya ɗauke shi mulkin mallaka da sabuwar riga, da harin da Ariel Sharon ya kai Gaza a Fabrairun wannan shekara, aka kashe sojojin Masar kusan 40. Nasir ya nemi makamai a Washinton, aka yi ta masa jeka-ka-dawo. A Satumban 1955 ya sanar da cinikin makamai da Chekoslobakiya. Ku lura, ƙofar da aka bi aka ɗaura wa Isra'ila ɗamara a 1948, ita aka bi aka ɗaura wa Masar shekara bakwai bayan nan.

Zan ɗan daɗe a kan 1956. Ranar 19 ga Yuli sakataren harkokin wajen Amurka, John Foster Dulles, ya janye alkawarin kuɗin gina madatsar ruwa ta Aswan. Mako guda bayan haka Nasir ya tsaya gaban taro a Iskandariyya yana jawabi, yana ta maimaita sunan Bafaranshen da ya haƙa mashigin, de Lesseps. Masu sauraro sun ɗauka tarihi yake ba su. Ashe alama ce: injiniya Mahmud Yunus da mutanensa suna jira da rediyo, da jin sunan suka shiga ofisoshin kamfanin Suwez suka karɓe su. Firayim Ministan Birtaniya Anthony Eden ya rantse sai ya kawar da shi. Faransa ma tana da nata haushin, domin Nasir yana taimakon mayaƙan Aljeriya. Daga 22 zuwa 24 ga Oktoba aka taru a wani gida a Sèvres, bayan garin Faris: Ben-Gurion da Moshe Dayan da Shimon Peres, da manyan Faransa, da ministan harkokin wajen Birtaniya. Shirin shi ne Isra'ila ta auka wa Sinai, sai Birtaniya da Faransa su fito a matsayin masu raba faɗa, su ce kowa ya ja da baya mil goma daga mashigin. In Masar ta ƙi, kuma dole ta ƙi tunda ƙasarta ce, sai su mamaye. Eden ya sa an ƙone kwafin yarjejeniyar da ke hannunsa, amma na Isra'ila ya tsira.

Wa ya wargaza shirin? Shugaba Eisenhower. Ba a shawarce shi ba, zaɓe na gabansa ranar 6 ga Nuwamba, kuma a daidai wannan mako tankokin Sobiyet suna murƙushe mutanen Hangari. Yana son duniya ta kalli Budafes, abokansa sun sa tana kallon Fort Sa'id. Firayim Ministan Sobiyet Bulganin ya aika wasiƙun barazana da rokoki daga Mosko, kuma su Larabawa suka fi tunawa. Amma abin da ya durƙusar da Birtaniya kuɗi ne: fam yana faɗuwa, Amurka ta toshe mata bashin Asusun Ba da Lamuni na Duniya har sai ta janye. Eden ya sauka a Janairun 1957, Isra'ila kuma ta fice daga Sinai da Gaza a Maris bayan Eisenhower ya yi mata barazanar takunkumi. Shugaban Amurka ke nan, yana tilasta wa Isra'ila barin ƙasar da ta ci da yaƙi. Darasin da Isra'ila ta ɗauka shi ne kada ta sake shiga babban yaƙi sai ta san inda Washinton ta tsaya. Ladan da ta samu daga Faransa kuma shi ne tashar nukiliya ta Dimona da jiragen Mirage.

Guguwar wannan zamani ta iso har nan Najeriya. A 1960, da gwamnatin tarayya ta karɓo bashi daga Isra'ila, gwamnatin Jihar Arewa ƙarƙashin Sardauna Ahmadu Bello ta ce ba ta so ko kwabo, alhali Gabas da Yamma suna hulɗa da kamfanonin Isra'ila, Tafawa Ɓalewa kuma yana ƙoƙarin kada rigimar wasu ta raba masa ƙasa.

Yaƙin 1967 da labarin ƙarya ya fara. Ranar 13 ga Mayu Sobiyet ta gaya wa Masar cewa Isra'ila ta jibge runduna a iyakar Siriya. Nasir ya tura Janar Muhammad Fauzi, ya je ya duba, ya dawo ya ce bai ga komai ba. Duk da haka Nasir ya tura sojoji Sinai, ya sallami dakarun Majalisar Ɗinkin Duniya, ya rufe Mashigin Tiran, alhali dubban ƙwararrun sojojinsa suna can sun maƙale a yaƙin Yaman. A ganina ya so ya ci riba ta siyasa ba tare da yaƙi ba, irin ta 1956, ya manta cewa Eisenhower ba ya nan. Safiyar 5 ga Yuni jiragen Isra'ila, ƙirar Faransa, suka ƙone rundunar saman Masar tana ƙasa. Gidan rediyon Sautul Arab yana ta shelar an kakkaɓo jiragen abokan gaba, mutane suna murna a titi, alhali an riga an gama. Cikin kwana shida Sinai da Gaza da Gaɓar Yamma da Gabashin Ƙudus da Tuddan Golan suka tafi. Ranar ƙarshe Firayim Ministan Sobiyet Kosygin ya buga wa Shugaba Johnson ta layin gaggawa cewa in Isra'ila ta nufi Damaskas Sobiyet za ta ɗauki mataki; Johnson ya matso da jiragen ruwansa, ya kuma ce wa Isra'ila ta tsaya. A filin dambe mai zuga daban, mai rabo daban. A wannan fili kuwa manyan ƙasashe su ke zuga, su ke rabo, kuma ba sa shiga tsakani sai sun ga naushin zai same su.

Daga nan ne, ba kafin nan ba, aka samu tsarin da muka sani. Shugaba De Gaulle ya rufe wa Isra'ila rumbun makaman Faransa, Amurka ta maye gurbi da jiragen Phantom, domin ta ga ƙasar da ta lallasa yaran Mosko biyu cikin mako guda. Sobiyet ta yanke hulɗa da Isra'ila, ta sake cika wa Masar da Siriya rumbu. Ƙudurin Kwamitin Sulhu mai lamba 242 na Nuwamban 1967 ya kafa ƙa'idar a mayar da ƙasa a samu zaman lafiya, amma Falasɗinawa a cikinsa 'yan gudun hijira ne kawai. A Janairun 1970, da jiragen Isra'ila suka addabi tsakiyar Masar, Nasir ya tafi Mosko a ɓoye ya ce ko a kare shi ko ya sauka ya bar wa mai ra'ayin Amurka. Shugaban Sobiyet Brezhnev ya turo makamai masu linzami da sojoji fiye da dubu goma, har da matuƙa jirgi, kuma ranar 30 ga Yuli 1970 Isra'ila ta harbo jiragen MiG biyar da Rashawa ke tuƙawa. Duka ɓangarorin suka yi gum.

Anwar Sadat, wanda ya gaji Nasir a ƙarshen 1970, an raina shi, amma shi ya fi kowa gane wasan. Ya lura Mosko tana ba shi makamin da zai kare kansa, tana hana shi wanda zai ƙwato Sinai da shi, saboda ba ta son abin da zai haɗa ta da Amurka. Da Shugaban Amurka Nixon da Brezhnev suka gana a Mayun 1972 suka yi maganar sassauta zaman ɗar-ɗar a yankin, ya gane an ajiye maganarsa a gefe. A Yuli ya sallami mashawartan Sobiyet kimanin 15,000. Washinton ba ta ko tanka ba. Henry Kissinger, mai ba Nixon shawara, yana ganin wanda aka kayar ba shi da bakin ciniki. Sai Sadat ya shirya yaƙin da zai ba shi bakin.

Ranar 6 ga Oktoba 1973, 10 ga Ramadan, ranar azumin Yahudawa ta Yom Kippur, da ƙarfe biyu na rana. A gabashin mashigin Isra'ila ta tara tudun yashi mai tsawon kusan mita 20, bayansa ganuwar Bar Lev. Bam ba ya fasa yashi, sai dai ya zube ya sake cikewa. Wani matashin injiniyan soja, Baƙi Zaki Yusuf, Kirista ɗan Kibɗawa wanda ya yi aiki a Aswan, ya kawo shawarar a yi amfani da ruwa. Aka sayo injinan feshi daga Ingila da Jamus ta Yamma, aka ɗora su kan kwale-kwale, aka ja ruwan mashigin aka feshe yashin. Kafin gari ya waye an buɗe gomman ƙofofi, an shimfiɗa gadoji, tankoki suna haye. A Golan ma Siriya ta kusa ɓalle layi. Mako na biyu lamari ya juya: Sadat ya fitar da tankokinsa daga inuwar makaman kakkaɓo jirage don ya rage wa Siriya nauyi, aka ragargaza su ranar 14, Sharon ya sami kafa ya haye yamma. Sobiyet tana sauke makamai a Alƙahira da Damaskas, Amurka ta buɗe jigila ta sama, fiye da tan 22,000, ta tsibiran Azores na Fotugal, domin sauran ƙawayenta na Turai sun hana ta sauka don tsoron rasa mai.

Tsoron nasu da dalili. Ranar 17 ga Oktoba ƙasashen Larabawa masu mai suka yanke rage haƙowa, da Nixon ya nemi majalisarsa ta ba Isra'ila dala biliyan 2.2 kuma Sarki Faisal ya rufe wa Amurka famfo gaba ɗaya. Gangar ɗanyen mai ta tashi daga kusan dala 3 zuwa kusan 12 cikin 'yan watanni. Dattawan da ke zauren nan da suka karɓi kuɗin Udoji, wani kaso na wannan kuɗi daga wannan yaƙi ya fito. A watan ne kuma gwamnatin Gowon ta yanke hulɗa da Isra'ila, bayan Chadi ta yi haka a 1972, Nijar a Janairun 1973.

Daren 24 ga Oktoba Isra'ila ta yi wa Runduna ta Uku ta Masar ƙawanya, ba ruwa ba abinci, duk da an tsagaita wuta. Brezhnev ya rubuto cewa ko su tura sojoji tare, ko ya tura shi kaɗai. Nixon yana fama da badaƙalar Watergate, ko taron da aka yi kan wasiƙar bai halarta ba. Kissinger da 'yan tsirarun jami'ai suka ɗaga shirin ko-ta-kwana na sojojin Amurka a duk duniya, har da masu makaman ƙare-dangi. Amma shi Kissinger ɗin ne kuma ya matsa wa Golda Meir ta bari a kai wa sojojin Masar ruwa. Ba tausayi ba ne. Yana son Isra'ila ta tsira ba tare da ta wulaƙanta Sadat ba, don Sadat ya gane cewa Mosko makami kawai take iya bayarwa, mai iya mayar masa da ƙasa yana Washinton. Sadat kuwa abin da yake jira ke nan. Shi da kansa ya riƙa cewa kashi 99 cikin ɗari na maganar a hannun Amurka take. A 1976 ya soke yarjejeniyar abota da Sobiyet, a Nuwamban 1977 ya sauka a Ƙudus ya yi sallar Idin Layya a Masallacin Al-Aƙsa, a Satumban 1978 ya shafe kwana 13 a Camp David da Begin da Shugaba Carter. Ministan harkokin wajensa, Muhammad Ibrahim Kamil, ya ajiye aiki a can, yana ganin an sayar da Falasɗinawa. Masar ta karɓi Sinai, har yau kuma tana karɓar dala biliyan 1.3 na taimakon soja duk shekara. Larabawa suka dakatar da ita daga ƙungiyarsu, suka mayar da hedikwata Tunis, shi kuma aka harbe shi a faretin 6 ga Oktoba 1981.

Mutum yana iya zagin Sadat, yana iya yaba masa, amma a duba abin da ya kai kasuwa: ƙasa mafi yawan jama'a a Larabawa, Mashigin Suwez, da ficewa daga sansanin Sobiyet. Da waɗannan ya sayi Sinai. Saudiyya tana da mai. Siriya tana da tashar jiragen ruwa ta Tartus da ta ba Mosko. Falasɗinawa fa? Ba mashigi, ba rijiya, ba tasha. Sobiyet ta ba ƙungiyar PLO bindigogi da guraben karatu, amma da Isra'ila ta shiga Labanan a 1982, ta kakkaɓo jiragen Siriya fiye da 80, ta kewaye Beirut, aka kwashe Yasir Arafat zuwa Tunis, aka yi kisan Sabra da Shatila, Mosko ba ta motsa ba. 'Yan'uwansu Larabawa ma kowa ya yi amfani da su gwargwadon buƙatarsa: Jodan ta yaƙe su a 1970, Siriya a 1976. Abin da ya dawo da maganarsu teburi shi ne duwatsun yaran Gaza da Nablus a boren Intifada na Disamban 1987.

Sai dai ya zo a makare, domin ɗaya ubangidan yana gargara. Gorbachev ya gaya wa Hafiz al-Assad ya daina mafarkin yin kunnen doki da Isra'ila a makamai, ya kuma buɗe ƙofa, Yahudawan Sobiyet kusan miliyan ɗaya suka koma Isra'ila cikin shekara goma sha. Arafat ya goyi bayan Saddam a rikicin Kuwait, ƙasashen Tekun Fasha suka rufe masa aljihu. A taron Madrid na Oktoban 1991 Gorbachev ya zauna kusa da George Bush a matsayin abokin shugabanci, wata biyu bayan nan ƙasarsa ta rushe. Ko a can an cusa Falasɗinawa ne cikin tawagar Jodan. Yarjejeniyar Oslo ta 1993 mai rauni ne ya sa mata hannu, aka ɗage maganar Ƙudus da iyaka da 'yan gudun hijira da matsugunan 'yan kama-wuri-zauna sai gaba, mai shiga tsakani a tattaunawar da ta biyo baya kuma shi ne ubangidan ɗaya ɓangaren. Najeriya ta mayar da hulɗa a 1992, Jodan ta yi sulhu a 1994, wani Bayahude mai tsattsauran ra'ayi ya kashe Firayim Minista Yitzhak Rabin a 1995, Hamas tana tayar da bama-bamai a motocin haya. 'Yan kama-wuri-zauna a Gaɓar Yamma, ban da Gabashin Ƙudus, kusan 110,000 ne a 1993. Yau sun kai rabin miliyan. Tayin da Yarima Abdullahi na Saudiyya ya kai taron Beirut a 2002, na cikakkiyar hulɗa da Larabawa duka in an koma iyakar 1967, ba a taɓa zama a kansa da gaske ba, domin babu mai tilastawa. Tun 1972 Amurka ta hau kujerar na-ƙi fiye da sau 40 don kare Isra'ila, a 2016 kuma ta sa hannu kan ba ta dala biliyan 38 cikin shekara goma.

Yarjejeniyoyin 2020 ko ɓoye farashi ba a yi ba. Haɗaɗɗiyar Daular Larabawa an yi mata alkawarin jiragen F-35. Sudan an cire ta daga jerin masu taimakon ta'addanci bayan ta biya dala miliyan 335. Maroko an amince mata da mallakar Yammacin Sahara. Saudiyya tana cikin cinikin yarjejeniyar tsaro da tashar nukiliya lokacin da Hamas ta kai harin 7 ga Oktoba 2023, ta kashe kusan mutum 1,200, ta kama kusan 250, Isra'ila kuma ta rushe Gaza da bama-baman Amurka, ta kashe dubun-dubatar mutane, cikinsu mata da yara masu ɗimbin yawa. Ƙasar da ta kai ƙara Kotun Duniya a Disamban wannan shekara Afirka ta Kudu ce, ba wata babbar ƙasa ba.

Na san wasunmu, musamman matasa, sun zuba ido ga Rasha da Sin. Rasha ta shiga Siriya da jiragenta a 2015, ta riƙe sararin samaniyar ƙasar, amma ta buɗe layin waya da rundunar Isra'ila, ta bar ta tana kai hari kan Iran da Hizbullah shekara da shekaru. Da gwamnatin Assad ta faɗi a Disamban 2024, mafaka kawai ta ba shi. Sin ta sasanta Saudiyya da Iran a Maris 2023, ta tara ƙungiyoyin Falasɗinawa 14 a Beijin a Yulin 2024, tana kuma jefa musu ƙuri'a a Majalisar Ɗinkin Duniya. Ita ce kuma ɗaya daga cikin manyan abokan cinikin Isra'ila, kuma tun 2021 wani kamfanin gwamnati daga Shanghai ne ke gudanar da sabuwar tashar jiragen ruwa ta Haifa.

Shugaban taro, a nan zan dakata don a samu lokacin tambayoyi.